Ƙasar Lautai Ba Ta Cancanci A Gan Ta A Fim Ba Ne?

Tun daga shekarar 1990, lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fito da Turmin Danya, an yi finafinan Hausa da ba su ƙirguwa. Amma wanda ya zauna ya dube su da idon basira zai tarar yawancinsu ba su wuce falon wani attajiri da lambun wani otal ba. Mu 'yan ƙasar Gumel muna tambaya: ina namu garuruwan?

A Amurka akwai wani nau'in fim na ban dariya da ake gina shi a kan tafiyar iyali cikin mota. Maigida da uwargida da 'ya'ya su kama hanya, mota ta lalace, guzuri ya ƙare, a yi faɗa a shirya. Ɗaya daga cikinsu shi ne RV na shekarar 2006, wanda labarinsa ya nufi jihar Kolarado, alhali kuwa a Kanada aka ɗauki akasarinsa. Kanada ta ci kuɗin aiki, Kolarado ta ci suna. Ke nan wurin ɗaukar fim yana iya kawo riba biyu, kuɗi da suna, mu kuwa duka biyun muke bukata.

Wace hanya ce ta fi dacewa da irin wannan labari kamar tamu? A ce iyali sun taso daga Kano za su biki, tafiyar kilomita kamar 120 zuwa Gumel. Ga Gagarawa, wadda layin dogon Kano zuwa Nguru ya ratsa ƙasarta tun zamanin Turawa. Ga Gumel, masarautar Mangawa da aka kafa wajen 1750, wadda ba ta taɓa shiga ƙarƙashin daular Sakkwato ba. Ga gonakin gero da riɗi na Sule Tankarkar. Ga kuma Maigatari a bakin iyakar Nijar, inda duk ranar Alhamis raƙuma da shanu da tumaki ke cika kara, dillalai na ta ciniki. Babu mai kuɗin da zai iya gina irin wannan dandali, ga shi kuwa Allah Ya ba mu a ɓagas.

Amma fa da sharaɗi. Mun daɗe muna ganin yadda finafinan barkwanci ke mai da mutumin karkara abin dariya, wai shi ne baƙauye mai tsoron fanka. Idan haka za a zo a yi mana, to a kai kasuwa. Abin dariya na gaskiya shi ne ɗan birni da ya shiga kara da taƙamar boko, ya kasa gane shekarun sa ta haƙoransa, har yaron dillali ya koya masa lissafi. Haka kuma ba mu yarda a ɗauki Maigatari a laƙaba mata sunan wani gari ba. A kira kowane gari da sunansa.

Wasu za su ce harkar fim ɓata tarbiyya take yi. Ba mu raina wannan tsoro ba, don shi ya sa Gwamnatin Tarayya ta janye shirin gina ƙauyen fim a Ƙofa, ta ƙasar Bebeji, a 2016. Sai dai a lura, labarin tafiyar iyali zumunci yake koyarwa. In an nemi izinin hakimai da dagatai, aka kuma saurari malamai tun kafin a kafa kyamara, gardama za ta ragu ƙwarai.

Saura namu aikin. Kowa ya san gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba. Ɗalibai masu nazarin Hausa da wasan kwaikwayo, har da na Kwalejin Ilimi ta Gumel, su zauna su rubuta labarin, domin baƙo ba zai san inda dariyarmu take ba. Ma'aikatan ƙananan hukumomin nan huɗu su sauƙaƙa ba da izini, su kuma tsaya kai da fata a biya mai gida da mai raƙumi da mai abinci haƙƙinsu. Tun 1991 aka ƙirƙiro Jihar Jigawa, ya isa a ce duniya ta ga arewacinta da idonta. Allah Ya sa mu dace, amin.