Kura da Shan Bugu, Gardi da Kwashe Kuɗi

Yau ba ci gaban littafinmu na kawo muku ba, magana ce a kan wani ɗan wasan fim na Amurka mai suna Taylor Mead, wanda ko a ƙasarsu ba kowa ya san shi ba.

An haifi Mead a 1924 a jihar Michigan, ɗan masu hali ne, har ya taɓa aiki a kamfanin hada-hadar hannun jari na Merrill Lynch, amma ya yi watsi da shi ya shiga yawon duniya. A 1960 ya fito a fim ɗin The Flower Thief na Ron Rice, wanda aka ɗauka a titunan San Francisco. Irin finafinan nan ne da suke kira na ƙarƙashin ƙasa: babu kamfani, babu tsayayyen labari, ba a kai su manyan gidajen silima. Ɗan wasa shi ne komai, abin da ya faɗo masa a gaban kyamara shi ne fim ɗin.

A 1963 ya yi doguwar tafiya a mota da mai zane Andy Warhol daga New York zuwa Los Angeles, inda ya fito a matsayin Tarzan a wani fim na Warhol, daga baya kuma ya fito a Lonesome Cowboys na 1968. To amma Warhol ya yi ƙaurin suna wajen rashin biyan 'yan wasansa abin kirki. Mead ya tsufa a wani ɗan matsattsen gidan haya a titin Ludlow, yana karanta waƙoƙinsa ga 'yan tsirarun mutane, da dare kuma yana ciyar da kyanwoyin titi. A 2013 ya bar gidan bayan doguwar taƙaddama da mai gida, bai daɗe ba ya rasu a Colorado yana da shekara 88. A watan Nuwamban shekarar aka sayar da wani zanen hatsarin mota da Warhol ya yi a 1963 a kan dala miliyan 105.

Wasu za su ce ai shi ya zaɓa, ya fi son 'yancinsa a kan kuɗi. Gaskiya ne, kuma ban raina zaɓinsa ba, domin ko a 2003 sai da Jim Jarmusch ya nemo shi ya sa shi a Coffee and Cigarettes. Amma ni a ganina, don mutum bai da kwaɗayi ba hujja ba ce ta a danne masa haƙƙi. Fim ɗin da ba shi da rubutaccen labari, wane ne marubucinsa in ba wanda ya ƙago motsi da magana a take ba? Me ya sa sunan mai riƙe da kyamara kaɗai zai zama dukiya?

Mu marubuta da muke miƙa labari a karɓi ɗan abin da aka ba mu, ba takarda ba shaida, ya kamata mu yi wa kanmu faɗa. Son sana'a daban, yarjejeniya daban. A rubuta ta tun ana dariya, domin ranar tsufa tafi ba ya biyan kuɗin haya.

Sai mun haɗu a ci gaban labarinmu.