Jimla da Bambanci: Tambayar Lissafi da Harshe Ke Warwarewa

Akwai wata tambaya da ba ta ɓacewa daga littattafan lissafi na ƙarshen firamare da farkon sakandare: a ba ɗalibi jimlar lambobi biyu, a faɗa masa da nawa ɗaya ta fi ɗaya, sannan a ce ya nemo su. Tambayar ta daɗe a duniya. Da ita Diyofantus na Iskandariyya ya buɗe littafinsa na lissafi, inda ya raba 100 gida biyu masu bambancin 40, ya sami 30 da 70. Duk da tsufanta, har yau tana kayar da yara, kuma galibi a wurin fahimtar zance take kayar da su, tun kafin su kai ga tarawa ko ɗebewa.

Ga misali: "Audu da Bala suna da dami 50 na gero. Audu ya fi Bala da dami 12. Dami nawa ne na kowannensu?" Mai nazarin Hausa zai lura cewa kalmar "da" ta zo sau uku, kuma kowane zuwa da aikinsa. A "Audu da Bala" haɗa sunaye ta yi. A "suna da dami" mallaka ta nuna. A "ya fi Bala da dami 12" kuwa ma'aunin fifiko ta gabatar, wato tazarar da ke tsakanin rabon mutum biyu. Duk lissafin a kan wannan "da" ta uku ya rataya.

Yaron da bai kama ta ba yakan raba 50 biyu ya sami 25, ya ƙara wa Audu 12 ya zama 37, ya rage wa Bala 12 ya zama 13. Jimla ta cika 50, sai ya ɗauka ya gama. Amma tazarar 37 da 13 ita ce 24, domin duk damin da aka ɗauke daga Bala aka miƙa wa Audu, tazara biyu yake buɗewa. Wanda ya fahimci jumlar kuwa zai fara da ware rarar Audu gefe guda. In an cire 12 daga 50, saura 38, kuma a nan su biyun sun yi kunnen doki. A raba biyu, kowa ya tashi da 19. A mayar wa Audu rararsa, ya koma 31. Sai a gwada amsar da sharuɗɗan biyu: 31 da 19 sun cika 50, tazararsu 12.

Saboda haka ya dace malami ya jinkirta rubuta haruffan aljabara a allo har sai yaro ya iya maimaita tambayar da bakinsa, cikin harshen da yake tunani da shi. Hausa ba ta rasa kayan wannan aiki ba. Ɗebewa tana cikin ƙirgarta, tunda ana kiran 19 "ashirin ba ɗaya". A kasuwannin Nijar da dala ake ciniki, mai ƙosai ta ce "dala ashirin" tana nufin sefa 100, ba tare da alli ko allo ba. Yaron da ya tashi cikin wannan bai zo aji da kai fayau ba.

Masu ja da wannan ra'ayi sukan ce jarrabawa da Faransanci ko Ingilishi ake yin ta, kuma aljabara ce hanyar da ke kaiwa ga babban lissafi. Maganarsu tana da tushe, kuma babu mai cewa a yi watsi da alamomi. Sai dai alama taƙaita zance ce, wanda bai fahimci zancen ba kuwa haddar taƙaitawar kawai zai yi. Alkawarizmi, wanda daga littafinsa aka samo sunan aljabara, da kalmomi zalla ya rubuta shi a Bagadaza wajen shekarar 820, babu alamar lissafi ko ɗaya.

Nijar ta soma gwajin koyarwa da Hausa tare da Faransanci a Damagaram tun 1973, kuma a watan Maris na 2025 ta ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa. Wannan matsayi yana neman littattafai, littattafai kuma suna neman marubutan da suka san bambancin "ya fi shi da biyu" da "ya ninka shi sau biyu". Ɗaliban Hausa na yau su ne za su rubuta waɗannan tambayoyi gobe. Jumla ɗaya mai harshen damo a takardar jarrabawa ta isa ta kayar da yaron da ya iya lissafinsa sarai, don haka aikin gyara ta yana wuyan mai nahawu kamar yadda yake wuyan malamin lissafi.