KURA DA SHAN BUGU, GARDI DA KARƁAR KUƊI

  

Ya ku malamai da almajirai, da ku fatake da 'yan kasuwa, maganarmu ta yau a kan wata mas'ala ce wadda mutanen zamani su ke kira adalci game da muhalli. Muhalli kuwa shi ne ƙasar da mu ke takawa, da ruwan da mu ke sha, da iskar da mu ke shaƙa. Tushen mas'alar tambaya ce guda: idan an fitar da wata dukiya daga ƙasa, wa ya ci amfaninta, wa kuma aka bar wa cutarta? Maganar ta yi ƙarfi ne a Amurka, inda a shekarar 1982 talakawan wata gunduma mai suna Waren, yawancinsu baƙaƙen fata, su ka kwanta bisa hanya don su hana motoci zuba ƙasa mai guba kusa da gidajensu. Amma mu ba sai mun ƙetare teku neman misali ba, ga shi nan a ƙasar Zamfara.

A watan Maris na 2010 likitocin ƙungiyar MSF, watau likitocin nan da ba ruwansu da iyakar ƙasa, su na yawon binciken sanƙarau, sai su ka iske ƙananan yara na ta mutuwa a ƙauyukan Anka da Bukkuyum. Yaro zai yi ta amai, ya shiga jijjiga, ya suma, sa'an nan ya cika. Aka ba da maganin zazzaɓin cizon sauro, aka ba da na sanƙarau, duk a banza. Sai da aka aika da jinin yaran Turai aka auna, sa'an nan aka gane gubar dalma ce. Tun kafin wannan mutanen ƙauyukan sun ga agwaginsu na ƙarewa, amma ba wanda ya san ma'anar wannan alama. Da hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka ta bi gida gida a ƙauyuka biyu, ta sami yara 118 cikin 463 'yan ƙasa da shekara biyar sun rasu cikin shekara guda, watau ɗaya cikin kowane huɗu. Jimillar yaran da su ka mutu a wannan annoba ba ta kasa 400 ba, waɗanda gubar ta shiga jikinsu kuwa dubbai ne.

To, ina dalmar ta fito? Daga dutsen zinariya ta fito. A farkon 2005 oza ɗaya ta zinariya ba ta kai dala 500 ba a kasuwar duniya, amma a tsakiyar 2010 ta haura dala 1,200. Manomi wanda geronsa ba ya kai shi wata damina ya ga hanya ta buɗe, ya ɗauki diga ya shiga rami. Sai aka yi rashin sa'a, jijiyar dutsen da aka tarar a wannan yanki cike ta ke da dalma. Aka riƙa kawo duwatsun gida cikin buhuna, mata na farfasawa da guduma da turmi a tsakar gida, ana niƙawa da irin injin da a ke niƙa hatsi, ana shanya garin inda yara ke rarrafe. Ƙurar ta sauka bisa tabarma da kwanon tuwo da bakin rijiya. A wasu wurare da aka auna ƙasar, an sami dalma ta wuce kashi 10 cikin 100. Yaro ƙarami kuwa kowa ya san hannunsa daga ƙasa sai baki, hanjinsa kuma ya fi na babba saurin tsotse dalma, ƙwaƙwalwarsa ba ta gama ƙosawa ba. Shi ya sa uban ya tsira, ɗan ya tafi.

Yanzu sai mu ɗora al'amarin bisa ma'auni. Ƙwayar zinariyar da aka tace a Dareta ko Yargalma ba ta kwana a can. Daga hannun mai haƙa sai hannun dillali, daga dillali sai attajiri a birni, daga nan mafi yawanta ta bi hanya zuwa Dubai, sau da yawa ba tare da ta shiga littafin Hukuma ba. Kowane hannu ta faɗa sai darajarta ta ƙaru, ƙurarta kuma ta ragu. Wadda za ta rataya ta a wuya ranar biki ba ta shaƙi ko ƙwayar ƙura ɗaya ba. Wanda ya fi kowa ƙarancin rabo shi ne ya fi kowa kusa da gubar, wanda kuma ya biya da ransa, watau jariri, ko anini bai samu ba. Wannan shi ne kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Watakila wani ya ce, ai su su ka jawo wa kansu, wa ya ce su kai dutse cikin gida? Amsa ita ce, ba a kama mutum da laifin abin da ba shi da hanyar saninsa. Dalma ba ta da wari, ba ta da ɗaci, ba ta sa ƙaiƙayi. Waɗanda su ke da ilmin auna dutse su na manyan birane, ba wanda ya je ya ce musu ga abin da ke cikin buhunanku. Sa'an nan kai dutsen gida ba don wasa ba ne. Matan da ke cikin kulle ta nan su ke samun abin hannunsu, mai dutse kuma ya na tsoron ɓarayi in ya bar shi a daji. Talauci shi ya shigar da gubar ɗaki. Wani kuma ya ce ƙaddara ce. Gaskiya ne, kome da ƙaddara ya ke faruwa, amma ba mu taɓa jin alƙalin da ya kori ƙarar diyya ko ta ramuwar ɓarna don an ce masa ƙaddara ce ba. Imani da ƙaddara na sanyaya zuciyar wanda aka yi wa rashi, amma ba ya sauke nauyi daga wuyan wanda ya yi sakaci.

Abin da ya fi nuna rashin adalcin a fili shi ne labarin Bagega. Ku sani maganin dalma, wanda ke kama ta cikin jini ya fitar da ita ta fitsari, ba shi da amfani in yaro zai koma ya zauna bisa ƙasa mai guba, don abin da aka fitar yau gobe zai sake haɗiyarsa. Saboda haka wajibi ne a fara share gari tukuna: a kankare saman ƙasar kowane gida, a zuba cikin buhuna, a kai wani rami nesa a binne, a kawo ƙasa mai tsabta a shimfiɗa. An yi wannan aiki a ƙauyuka bakwai tsakanin 2010 da 2011, mafi yawa da taimakon ƙungiyoyin waje, Sarkin Zamfara na Anka da sauran sarakuna kuma su ka ba da umurni a fitar da aikin dutse daga cikin gidaje. Amma Bagega, wadda ta fi su duka girma, inda yara wajen 1,500 ke jiran magani, sai aka bar ta. A watan Mayu na 2012 an yi taro a Abuja a kan naira miliyan 850 da Gwamnatin Tarayya za ta bayar. Damina ta zo ta wuce, kuɗi shiru. Sai a ƙarshen Janairu na 2013, bayan matasa da ƙungiyoyi sun yi ta kururuwa, Shugaba Goodluck Jonathan ya sa aka saki kuɗin, aka share garin a wannan shekara. Likitoci na nan, magani na nan, yara na jira kusan shekara uku. Mai karatu ya tambayi kansa: da a unguwar manyan ma'aikata ta Abuja aka sami wannan guba, kwana nawa za a yi kafin kuɗi su fito?

Ba a kuma ɗauki darasi sosai ba, domin a 2015 irin wannan ta sake aukuwa a yankin Shikira cikin ƙaramar hukumar Rafi ta Jihar Neja, yara 28 su ka rasu.

Malamai sun san a mazhabar Imamu Malik hukuncin ma'adinai ya na hannun shugaba, shi ke ba da su ga wanda ya ga dama gwargwadon maslahar jama'a. Abin mamaki, dokar ƙasar nan ma haka ta ce: tsarin mulki na 1999 da dokar ma'adinai ta 2007 sun sa dukan abin da ke ƙarƙashin ƙasa a hannun Gwamnatin Tarayya. To, kowa ya ci ladan kuturu, sai ya yi masa aski. Wanda ya ce dutsen nasa ne ranar ba da lasin da karɓar haraji, ba ya da bakin cewa ƙurar ta talaka ce ranar jana'iza. Haka kuma littattafan hukunci irin su Tuhfa ta Ibnu Asim sun ware babi a kan kawar da cuta daga maƙwabta. Alƙalan da can su na hana mai gidan burodi da hayaƙinsa, da majemi da warinsa, idan su ka dami masu kewaye da su. In an hana wari, wanda iyakarsa toshe hanci, yaya ƙurar da ke kashe yaro?

Amma kada a zaci hana haƙa gaba ɗaya shi ne magani. A watan Afrilu na 2019 Gwamnatin Tarayya ta hana haƙar ma'adinai a Zamfara saboda 'yan bindiga, ba ta ɗage hanin ba sai Disamba na 2024. Mai jin yunwa ba ya barin rami don an yi shela a rediyo. Iyaka dai ya ɓoye aikinsa, mafi kyawun maɓoya kuwa ita ce cikin gida, inda yara su ke. Hanyar da aka jarraba aka ga amfaninta ita ce a keɓe wurin niƙa nesa da gari, a riƙa niƙa da ruwa ko ana yayyafi don ƙura ta kwanta, ma'aikaci ya wanke jiki ya canja tufafi kafin ya koma ga iyalinsa. Wannan ba ya bukatar ilmin Turai mai zurfi, ya na bukatar rijiya da famfo da mai sa ido. MSF ta miƙa aikinta ga hukumomin Zamfara a 2022, a 2025 kuma farashin oza ya haura dala 4,000, ya ninka na lokacin annobar fiye da sau uku. Abin da ya ja mutane cikin rami jiya, yau ya fi ƙarfi.

Ku attajirai masu sayen zinariya, ku ne ku ka fi kowa iko a wannan sha'ani, don mai haƙa ya fi jin maganar mai sayen kayansa bisa ga ta ɗan sanda. Ku tambayi inda aka niƙa abin da a ke kawo muku. Ku haɗa kai ku gina wurin niƙa na ruwa, ku ƙi sayen abin da aka tace a tsakar gida. Ku tuna kuma zinariyar ma'adini, in ta kai nisabi, ana fitar da rubu'in ushurinta tun ranar da aka tace ta, ba a jiran shekara, matalautan wurin da ta fito kuwa su su ka fi cancanta. Masu sayar da kwalli su ma su lura, don dutsen tozali mai ƙyalli ɗan'uwan wancan dutse ne, dalma ce a cikinsa, bai kamata a sa wa jariri ba.

Mu kuma masu allo da tawada, akwai namu rabon. Dalma ba kisa kaɗai ta ke yi ba. Yaron da ya tsira ta kan bar shi da raunin hadda da nauyin fahimta, wani da raunin ji, har iyakar ransa. Yaran 2010 yau samari ne da 'yan mata, na bayansu kuma su na zaune a makarantunmu. Idan aka kawo maka yaro daga ƙasar haƙa ka ga wanke allonsa na jinkiri, kada ka yi gaggawar ɗaukar bulala, ka shawarci iyayensa su kai shi a auna jininsa. Liman kuma ya faɗa a huɗuba, mai tafsiri ya faɗa a zaure, a kuma tabbata maganar ta isa cikin gida wurin mata, don su ne a bakin turmi.

Ga Hukuma kuwa, abin da mu ke nema shi ne a auna ran ɗan Bagega da ma'aunin da a ke auna ran ɗan birni, a kuma mayar da wani kaso na abin da ƙasar ta bayar ga asibitinta da rijiyoyinta tun kafin a soma haƙa ƙananan kaburbura.

Allah Ya jiƙan yaran da su ka rigaye mu, Ya ba iyayensu haƙuri, Ya ba shugabanni ikon riƙe amana. Haza wasalam.