A daina kiran Pran "wancan bos ɗin"

1/ Jiya a hostel muna kallon Zanjeer, wani ya ce "Amitabh ne fim ɗin, wancan mai jan gemun ai cike gurbi ne." Wallahi har yanzu abin na cina. Ku zauna, yau sai na yi magana. 🧵

2/ Mai jan gemun sunansa Pran. An haife shi 1920, ya fara fim a Lahore da Yamla Jat a 1940. Da aka raba Indiya da Pakistan a 1947 ya baro komai ya dawo Bombay, ya sake farawa daga tushe. Lokacin Amitabh yana ɗan shekara biyar.

3/ Ya fito a finafinai sama da 350, kuma shekara kusan ashirin shi ne mugun. Ku nemi Ram Aur Shyam (1967) ku ga yadda yake zane Dilip Kumar da bulala. Ba ihu, ba zare ido irin na wasu bosawanmu. Kallo ɗaya zai yi, kai da ke gaban waya sai ka gyara zama.

4/ Har ana cewa iyaye a Indiya sun daina raɗa wa 'ya'yansu suna Pran. Ka iya aikinka har a tsani sunanka, sannan wani ɗan level 200 ya ce maka cike gurbi?

5/ To mu dawo Zanjeer, 1973. Kafin fim ɗin, finafinan Amitabh faɗuwa suke yi ɗaya bayan ɗaya. Manyan jarumai irin su Dev Anand sun ƙi karɓar rol ɗin. Babban sunan da ke jikin fosta Pran ne. Cire Sher Khan, faɗansu da ɗan sandan, da abotar da ta biyo baya, ka gaya min me ya rage.

6/ Na san za ku ce Amitabh ya fi shi. A tashe, eh, ban musa ba, ni ma masoyinsa ne. Amma hawan da ya yi, da kafaɗar wani a ƙasa.

7/ Abin da ya fi burge ni ma ba a fim yake ba. A 1973 Filmfare ta ba shi kyauta kan Be-Imaan, ya ƙi karɓa, saboda an hana marigayi Ghulam Mohammed kyautar kiɗan Pakeezah. Fim ɗin da aka bai wa kyautar kiɗan kuma Be-Imaan ɗin ne, nasa!

8/ Indiyar ma ba ta kyauta masa ba. Dadasaheb Phalke, babbar lambar fim ta ƙasar, sai 2013 aka ba shi, yana da shekara 93, ba ya iya zuwa wurin taro. Gida aka kai masa. A watan Yuli na shekarar ya rasu.

9/ Abokin nawa dai na tura masa Upkar ya kalla. Ya ce datarsa ta ƙare. 🙄