Anne Wiazemsky da Zalika Sule: Shirun Malamai Ma Laifi Ne

A shekarar 1947 aka haifi ƴaƴa mata biyu waɗanda nisan ƙasa ya raba, sana'a kuma ta haɗa. Ta farko ita ce Anne Wiazemsky, wadda aka haifa a birnin Barlin, ta tashi ta zama Bafaranshiya ƴar wasan silima, marubuciyar ƙagaggun labarai, kuma mai shirya fim. Ta biyu ita ce Zalika Sule, haifaffiyar Yamai. A 1966 ne fuskar kowacensu ta fara bayyana a majigi: Anne a cikin Au hasard Balthazar na Robert Bresson, Zalika kuwa a cikin Le Retour d'un aventurier na Mustafa Alasan. Dukansu sababbin shiga ne, babu wadda ta cika shekara 20. Daga nan hanya ta rabu. Anne ta rasu a Paris a 2017, ta bar littattafai a kantuna da ɗakunan karatu, da suna wanda ake ambato da girmamawa. Zalika ta rasu a Yamai a 2021, bayan ta sha zagi a garin haihuwarta, ta ɗanɗani talauci, har ta kai ga yin aikatau a Amurka. Masu iya magana sun ce ruwa ba ya tsami banza. To, me ya kawo wannan bambanci, kuma wa ke da alhakinsa?

Amsar da ta fi saurin fitowa daga bakin mutane ita ce Faransa mai arziki ce, Nijar kuwa matalauciya. Akwai gaskiya a cikin wannan magana. Anne jikar François Mauriac ce, marubucin da ya ci kyautar Nobel a 1952. Ta girma a gidan da littafi ke da daraja, a ƙasar da ke da maɗaba'u da gidajen silima da hukumar tallafa wa fim. Amma talauci iyakarsa ya hana a biya ƴar wasa haƙƙinta. Bai taɓa sa wa mutum zagi a baki ba. Wanda ya tare mace a hanya ya kira ta da sunan banza saboda rawar da ta taka a fim, jahilci ne ya tura shi, kuma maganin jahilci a hannun malamai yake. Nan ne maganar ta shafi masu riƙe da alli a Madarunfa da Maraɗi da sauran garuruwan ƙasa.

Ya kyautu a fara duba abin da Anne ta yi da rayuwarta. Bayan fim ɗin Bresson ta fito a La Chinoise na Jean-Luc Godard a 1967, shekarar da ta aure shi, sannan a Teorema na Pier Paolo Pasolini ɗan ƙasar Italiya a 1968. Ta taka rawar ɗaliba mai ra'ayin juyin juya hali, ta taka ta ƴar masu kuɗi da hankalinta ya gushe, babu wanda ya ce ita ce waɗannan mata. Da shekaru suka ja sai ta kama alƙalami. Littafinta Canines ya ci kyautar Goncourt ta ƴan lise a 1993, wato ɗalibai ne da kansu suka karanta suka zaɓe shi. Une poignée de gens ya ci babbar kyautar ƙagaggen labari ta Académie française a 1998. Ta kuma shirya fina-finan tarihi don talabijin, ciki har da wanda ta yi a kan Danielle Darrieux. Kada a ɗauka Faransa aljannar mata ƴan wasa ce. A cikin Jeune fille, wanda ya fito a 2007, Anne ta bayyana yadda Bresson, dattijo mai shekara sama da 60, ya riƙa matsa mata lamba tana yarinya. Abin lura shi ne ta samu bakin faɗin labarinta da kanta, kuma ta samu masu karatu da aka koya wa sauraro.

Zalika fa? Duk wanda ya san tarihin silimar Afirka ya san Nijar tana sahun gaba a shekarun 1960 da 1970, kuma fuskar Zalika tana cikin mafi yawan fina-finan da suka jawo wa ƙasar wannan suna. Ta fito a Cabascabo na Umaru Ganda, da Le Wazzou polygame, da Saitane, da L'Exilé na 1980. Ta fito a FVVA na Mustafa Alasan, da Aube noire na Jingarai Maiga. A 1972, lokacin da bikin FESPACO na Wagadugu ya fara ba da babbar kyautarsa ta Étalon de Yennenga, Le Wazzou polygame ne ya ɗauke ta. Ke nan kofi na farko na wannan gasa Yamai ya zo, kuma da gumin Zalika a jikinsa.

Sai dai rawar da aka fi ba ta ita ce ta muguwar mace: kishiyar da kishi ya kai ga kisan kai, matar auren da ke cin amanar miji, mace mai zaman kanta. Ta iya wasan ƙwarai, har masu kallo suka kasa raba Zalika da matan da take kwaikwaya. Ƙwarewarta ta zame mata abin zargi. Da silimar Nijar ta durƙushe bayan rasuwar Umaru Ganda a 1981, sai aka bar ta da baƙin sunan, aka hana ta ladar. Lokacin da Rahmatu Keita ta ɗauki fim ɗinta Al'lèèssi, une actrice africaine, wanda ya fito a 2004 aka kuma nuna shi a bikin Cannes a 2005, ta tarar da wannan tauraruwa a gida mai ɗaki biyu tare da ƴaƴanta, ko ruwan famfo babu.

Ga inda laifin malamai yake. Babu malamin Faransanci a koleji ko lise da bai taɓa rubuta wa ɗalibai a allo cewa marubuci daban, mai ba da labari daban, tauraron labari daban ba. Ana maimaita wannan darasi kowace shekara, ana tambayarsa a jarrabawa. Ɗalibin da ya ce Molière marowaci ne don ya rubuta L'Avare ya kuma taka rawar Harpagon da kansa, jan biro zai sha. Amma da an tashi daga aji, sai darasin ya tsaya a bakin ƙofa kamar takalmin masallaci. Da dare, a majalisar shayi, matasan Madarunfa na kallon fina-finan Kano da ke shigowa ta Jibiya da Ɗan Isa, jiya a kaset da faifai, yau a cikin wayar hannu. Suna kallo suna jin daɗi, suna gamawa su yanke wa ƴar wasan hukuncin karuwanci. Sau da yawa malam na zaune a wurin. Wani ya yi shiru don gudun tsegumi, wani ma da shi ake yi. Wanda ya koyar da gaskiya da Faransanci da safe, ya ɓoye ta da Hausa da dare, ya ci amanar harsunan biyu.

Kada kuma wani ya ce wannan rarrabewa baƙuwar aba ce da Turawa suka kawo. Bahaushe ya san ta tun kafin zuwan lakwal. Tsohuwar da ke yi wa jikokinta tatsuniyar Gizo da Ƙoƙi takan kwaikwayi muryar Gizo da kwaɗayinsa da ƙaryarsa, babu wanda ya taɓa ƙin cin tuwonta don haka. A watan azumi yaro yakan manna gemun auduga ya yi tashe a matsayin tsoho, a ba shi hatsi, gari ya waye ya koma yaronsa. Yazi Dogo, wanda shi ma malamin makaranta ne, ya shekara da shekaru yana ba mutanen Nijar dariya da wasanninsa na Hausa a rediyo da talabijin, yana kwaikwayon halaye iri-iri, mutuncinsa bai ragu ba. Ashe dai jama'a ta iya raba mai wasa da wasansa idan namiji ne ko yaro ko tsohuwa. Sai in budurwa ce ko matar aure ake mance wannan hikima.

Masu adawa za su ce ai addini da kunya ne ake karewa, kuma ba kowane fim ne ya dace da tarbiyya ba. Wannan magana ta cancanci a saurare ta. Lalle akwai fina-finan banza, na gida da na waje, kuma uba na da haƙƙin ya duba abin da ɗansa ke kallo. Sukar aiki halas ce, ita ce ma sana'ar malamin adabi. Amma tsakanin sukar aiki da ɓata sunan mai aikin akwai rata mai faɗi. Addinin da ake fakewa da shi ya ɗauki ƙazafi da girma, har Suratun Nur ta yanke bulala 80 ga wanda ya jefi mace kamila da alfasha bai kawo shaidu huɗu ba. Wane mai zagin Zalika ne ya taɓa kawo ko shaida ɗaya? Ban da haka, fina-finan da aka zage ta dominsu wa'azi suke yi. Le Wazzou polygame gargaɗi ne a kan auren dole da alhajin da ke sayen abin da zuciya ba ta ba shi ba. Saitane tonon asirin malamin tsibbu ne mai cin dukiyar jama'a da sunan addini. In babu mai taka rawar mugu, ta yaya za a nuna ƙarshen mugunta?

Abin da ya samu Zalika bai tsaya a zamaninta ba. A watan Nuwamba na 2000, zanga-zangar ƙin bikin tufafi na FIMA da aka yi a Yamai ta bazu zuwa Maraɗi, inda fushin ya faɗa har a kan gidajen mata masu zaman kansu, waɗanda ba su da hannu a bikin. A 2007 aka ƙona littattafan Hausa na soyayya a bainar jama'a a Kano, alhali mata ne da yawa daga cikin marubutansu da masu karanta su. A 2016 ƙungiyar masu shirya fim ta MOPPAN ta kori Rahama Sadau saboda wani bidiyon waƙa. Kowane lamari da nasa dalili, amma a kowanne mace ce ke fara biyan kuɗin sabulu.

Akwai darasi na biyu a rayuwar Anne, shi ne na alƙalami. Da ba ta yi rubutu ba, da an san ta ne kawai a matsayin yarinyar Bresson ko matar Godard. Zalika ba ta bar littafi ba. Da Rahmatu Keita ba ta kai mata kyamara ba, da muryarta ta bi iska. Cewa Bahaushiya na iya yin abin da Anne ta yi ba ya bukatar dogon musu. Balaraba Ramat Yakubu ta Kano, wadda aka cire daga makaranta aka aurar tana yarinya, ta koma karatun manya, ta rubuta Budurwar Zuciya da Alhaki Kuykuyo Ne da Wa Zai Auri Jahila?, ta kuma shiga shirya fim. An fassara Alhaki Kuykuyo Ne zuwa Ingilishi, aka buga shi a Indiya a 2012. Ɗalibai nawa ne a jihar Maraɗi suka taɓa jin sunanta daga bakin malaminsu, alhali Kano ta fi Yamai kusa da su?

A watan Oktoba na 2024 aka sauya wa cibiyar al'adu ta Jean Rouch da ke Yamai suna zuwa ta Mustafa Alasan. A 2025 kuma kundin sake gina ƙasa ya ɗaga Hausa zuwa matsayin harshen ƙasa, Faransanci ya koma harshen aiki. Sauya allon ƙofa abu ne mai sauƙi. Aiki mai wuya shi ne a cika ɗakin. In Hausa za ta ɗauki wannan nauyi, dole ta zama harshen da ake nazarin fim da littafi da shi, ba na gaisuwa da ciniki kaɗai ba.

Abin da ake nema bai fi ƙarfin kowa ba. Ƙungiyoyin al'adu su nemi Al'lèèssi da Le Wazzou polygame su nuna su a gidajen matasa da harabar makarantu, a yi muhawara da Hausa bayan kallo. Malamin Faransanci da na Hausa su haɗa aji ko sau ɗaya a shekara, a ajiye shafin Jeune fille kusa da shafin Balaraba, ɗalibai su auna. A tura ɗalibai, musamman mata, wurin tsofaffin zabiyoyi da matan da suka yi wasan kwaikwayo a zamanin samariya, su ɗauki maganarsu su rubuta ta tun suna raye. Malaman Jami'ar Ɗan Dikko Ɗan Kulodo ta Maraɗi su taimaka wajen adana abin da aka tara. Mafi muhimmanci, ranar da aka ci mutuncin wata ƴar wasa a majalisa, malam ya buɗe baki ya maimaita darasin da ya rubuta a allo da safe.

Mutanen Madarunfa sun san darajar tuna magabata. Garin da ya kiyaye kushewun waliyyai 99 a kewayen tafkinsa ba ya bukatar a koya masa riƙon amana. Yabon da aka yi wa Zalika bayan rasuwarta ihu ne bayan hari. Amma a cikin azuzuwan gundumar, a yau ɗin nan, akwai yarinyar da ke da murya ko alƙalami ko idon ɗaukar hoto, tana kallon yadda ake yi da waɗanda suka riga ta. Abin da za ta yanke wa kanta ya dogara a kan abin da za ta ji daga bakin malaminta, ko kuma shirun da zai yi.