Darasin Jean Rouch Ga Masu Ɗaukar Bikin Argungu

Duk lokacin da aka yi bikin kamun kifi na Argungu, masu ɗaukar hoto sukan yi cincirindo a bakin Matan Fada, su ɗauki rububin masunta na sa'a guda da kifin da ya fi girma, sa'an nan su nannaɗe kayansu su koma birni. A ra'ayinmu wannan bai wadatar ba ga bikin da aka fara tun 1934, wanda kuma hukumar UNESCO ta sanya cikin gadon al'adun duniya a 2016.

Akwai abin koyi a rayuwar Jean Rouch, Bafaranshen da aka haifa a 1917. Ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanyoyi. Daga 1946 zuwa 1947 shi da abokansa biyu suka bi kogin Kwara cikin kwalekwale tun daga mafarinsa har teku. A wannan tafiya ya rasa ƙafafun da ake girka kyamara a kai, ya koma riƙe ta a hannu. Wannan rashi ya zama tushen salonsa: ya shiga cikin jama'a, ya bi su da ido, bai tsara musu inda za su tsaya ba.

Ya ɗauki farautar dorina da Sarkawan Ayorou suke yi, dangin Sarkawan da muka sani a ƙasar Kabi da Yawuri. Da ya koma ya nuna musu majigin, sai suka ƙi amincewa da kiɗan da ya sa a ciki, domin cikin shiru ake farautar dorina. Rouch ya karɓi gyara. Fim ɗinsa na farautar zaki da kwari da baka kuwa ya ci masa shekaru kafin ya fito a 1965. Ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Konni a 2004, ya bar finafinai fiye da 100.

Ba a rasa masu sukarsa ba. Ousmane Sembène na Senegal ya zarge shi da kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Wannan suka ita ce babbar hujjar cewa 'ya'yan ƙasa su ya kamata su riƙe kyamara.

Saboda haka muna kira ga Gwamnatin Jihar Kebbi da Masarautar Argungu su ɗauki nauyin matasa masu wannan sana'a, su zauna da masunta shekara guda cur. A ɗauki aikin Sarkin Ruwa, da saƙar homa, da gyaran gora, da halin da kogi yake shiga da rani. In an gama, masunta su fara gani su yi gyara, sa'an nan a ajiye a Gidan Tarihi na Kanta. Dattawan da suka san wannan ilmi suna ta ƙarewa, kuma ba a koyar da shi a makaranta.