Layin karɓa-karɓa: titin da ke naka da safe, ya zama na wani da marece

Sharhinmu na yau a kan titi yake, kuma ya fi shafar ƴan uwanmu da ke riƙe da sitiyari a manyan biranen duniya: masu taksi a Amurka da Kanada, masu kai kaya gida-gida a Faransa da Ingila, direbobin da ke neman abinci a Legas, wato Ikko. A irin waɗannan birane akwai wani layi a tsakiyar titi wanda ba shi da alƙibla guda. Da safe motoci su bi shi su shiga gari, da marece a juya shi, motoci su bi shi su fito. Masu jin Faransanci sun san shi da voie réversible. Mu a nan bari mu kira shi layin karɓa-karɓa.

Maganar ta cancanci a zauna a kanta, domin ko ƙasashen da suka ƙirƙiro dabarar kansu ya rabu. Wasu birane na kashe maƙudan kuɗi suna gyara ta, wasu kuma sun soke ta don haɗurra sun ishe su. Shi kuwa direba baƙo, wanda ya koyi tuƙi a Maraɗi ko Damagaram, ba wanda zai tsaya ya yi masa bayani. Sai dai ya tsinci kansa a ƙarƙashin fitilun.

Me ya kawo wannan dabara?

Lissafin mai sauƙi ne. A babban birni mutane na kwana a unguwannin gefe, su yi aiki a tsakiyar gari. Da safe hannu guda na titi ya cushe, ɗaya hannun kuma wayam. Da marece abin ya juye. Faɗaɗa titi ko gina sabuwar gada kuɗi ne mai yawa, sai injiniyoyi suka ce to, a ara wa ɓangaren da ya cushe layi guda, in lokaci ya yi ya mayar. Galibi ba su ba da shawarar a yi haka sai in wajen kashi 2 cikin 3 na motocin duk gefe guda suka nufa.

Misali gadar Saint-Nazaire da ke kan kogin Loire a yammacin Faransa. Tsawonta ya haura kilomita 3, layukanta 3 ne kacal. Tun shekarar 2010 layin tsakiya ya zama na karɓa-karɓa: da safe layi 2 na masu shiga Saint-Nazaire ne, inda ake ƙera manyan jiragen ruwa, da marece kuma layi 2 na masu komawa gida kudu da kogi. A Montireyal ta Kanada, gadar Jacques-Cartier layi 5 gare ta, na tsakiyan shi ma juya shi ake yi.

Dokokin da direba zai riƙe

Doka ta farko, ɗaga kai. A layin karɓa-karɓa umurni daga sama yake zuwa, daga fitilun da aka rataya bisa kowane layi. Koriyar kibiya mai nuna ƙasa na nufin layin a buɗe yake gare ka. Jar alama mai siffar X na nufin layin ba naka ba ne, ko da ka ga babu kowa a cikinsa. Wannan wayam ɗin da ka gani shi ne tarkon: ko dai motocin da za su zo ta gabanka suna tafe, ko kuma an bar layin ya huce kafin a juya shi.

Tsakanin kore da ja akwai gargaɗi mai launin rawaya. A Faransa kibiya ce a karkace, tana nuna maka gefen da za ka koma. A Amurka X ce mai launin rawaya. Ma'anarsu guda: an kusa karɓe layin, sa sigina, duba madubi, koma layin da ke da koriyar kibiya. Kar ka ƙara wuta wai don ka riga fitila, kar kuma ka taka birki ka tsaya cik a tsakiyar layi.

Doka ta biyu, san zanen da ke ƙasa. A Amurka layin karɓa-karɓa na da zane mai launin rawaya, biyu a jere, masu tsinke-tsinke, a dama da hagunsa. Duk wanda ya ga wannan zane ya san layin nan yana iya zama na masu zuwa ta gaba.

Doka ta uku, ba ko'ina ke da fitila ba. A birnin Finiks na jihar Arizona, titunan 7th Street da 7th Avenue alluna kawai gare su. Daga Litinin zuwa Juma'a, ƙarfe 6 zuwa 9 na safe, layin tsakiya na masu shiga gari ne, wato masu yin kudu. Ƙarfe 4 zuwa 6 na marece ya koma na masu yin arewa. Sauran lokaci kuma layin masu kwana zuwa hagu ne. Ke nan layi guda, aiki uku a yini guda. Mutanen garin da kansu sun laƙaba masa sunan layin kashe kai. Wanda bai karanta allo ba, ko bai duba agogo ba, sai ya tsaya yana jiran ya yi kwana a inda motoci ke tahowa da gudu.

Doka ta huɗu, layin karɓa-karɓa ba wurin wuce mota ba ne in dai ba a buɗe maka shi ba. Ba wurin tsayawa ɗaukar fasinja ba ne, ba wurin juya mota ba ne. In kuwa fitilun sun mutu, ko hazo ya hana ka gane launinsu, ka bar layin tsakiya gaba ɗaya, ka riƙe layin gefe wanda ka tabbata na hannunka ne.

Akwai kuma abin da ba a rubuta a allo ba, wato sabo. Direba ya bi layi da ƙarfe 8 na safe lafiya lau, da ƙarfe 5 na marece hannunsa ya kai shi can ba tare da ya yi tunani ba. Haka wanda ya liƙe bayan motar gaba, duk inda ta shiga ya shiga. Na'urar nuna hanya da ke cikin salula ita ma titi take nuna maka, fitilar da ke bisa kanka kai ne za ka duba ta. Hausawa sun ce in kiɗa ya sauya, rawa ma sai ta sauya. A wannan layi kiɗan na sauyawa sau biyu ko fiye a yini.

Su ma masu abin tsoronsa suke

Duba yadda ƙasashen suke kaffa-kaffa da shi. A Bamingham ta Ingila akwai babbar hanyar Aston Expressway da aka buɗe a 1972. Layi 7 gare ta, babu shinge a tsakiya. Kullum sai an rufe layi guda ya zama tazara tsakanin masu tafiya da masu dawowa, shi ya sa da safe za ka ga 4 na shiga gari, 2 na fita. Layin tsakiyar an shafa masa jan launi, kuma an hana babura hawansa ko da a buɗe yake. A Ingila wanda ya bi layin da ke da jar X a babbar hanya, tarar fam 100 ke jiransa da maki 3 na laifi a kan permi, kuma kyamara ce ke ɗaukarsa, ba sai ɗan sanda ya tsayar da shi ba. Ga mai taksi, permi shi ne gonarsa. In ya tafi, kuɗin da ake aikowa gida ƙarshen wata sun tafi tare da shi.

A San Faransisko, gadar Golden Gate mai layi 6 ta yi shekaru da dama ana raba motocinta da ƴan sandunan roba. Karo gaba da gaba ya sa a watan Janairun 2015 aka sa shingen kankare da ƙarfe mai motsi, wanda wata babbar mota ke ɗagawa tana matsar da shi daga layi zuwa layi. Aikin ya ci wajen dala miliyan 30.

Washinton kuwa, babban birnin Amurka, baya ta ja. Titin Connecticut Avenue ya daɗe da layukan karɓa-karɓa. An dakatar da su a watan Maris na 2020 lokacin korona, sannan a ƙarshen 2021 hukumar birnin, ƙarƙashin magajiyar gari Muriel Bowser, ta ce ba za a dawo da su ba. Babban dalilin shi ne haɗurra. Kuma wanda ya fi shiga uku a irin wannan titi shi ne mai tafiya a ƙasa: ya duba gefen da ya saba dubawa, mota ta fito masa ta ɗaya gefen.

Kusa da mu, Legas ta ɗana irin wannan tsari. Ranar 24 ga Yulin 2020 aka rufe rabin gadar Third Mainland, mai tsawon kusan kilomita 12, don gyara. Rabin da ya rage sai aka mai da shi na karɓa-karɓa: daga ƙarfe 12 na dare zuwa 1 na rana na masu shiga tsibirin Legas ne daga Oworonshoki, daga 1 na rana zuwa 12 na dare na masu fitowa. An yi haka har ƙarshen Fabrairun 2021. A nan ba fitila ce ta riƙe tsarin ba, shinge ne da jami'ai da ke tsaye a bakin gada, suna rufe wannan gefe kafin su buɗe wancan. Ƴan uwanmu da ke tuƙi a can su tuna cewa a dokar jihar Legas ta 2018, bin hannun da ba naka ba na iya sa a ƙwace mota, kotu ta sa a yi gwanjonta.

To mu fa a gida?

Duk wanda ya taɓa maƙalewa a bakin gadar Kennedy ta Yamai zai iya cewa, me zai hana mu ma a yi mana? Tambaya ce mai kyau, amma a duba. Gadar Kennedy, wadda aka buɗe a 1970, layi 2 gare ta. Babu na uku da za a ara wa kowa. In an juya ta, sai dai a juya ta dukanta, a tura sauran motoci gadar abota ta Sin da Nijar ta 2011, ko gadar Janar Seyni Kountché ta 2021. Sannan zirga-zirgar ba gefe guda take ba: da safe mutanen Harobanda na tsallakowa aiki da kasuwa, ɗalibai da malaman jami'ar Abdou Moumouni kuma na tsallakawa can. Ga babura, ga amalanke, ga masu tafiya a ƙasa, duk a kan gada guda.

Sai batun kuran. Layin karɓa-karɓa da fitila yake rayuwa. Kowa ya san yadda wuta ke ɗaukewa lokacin zafi, kowa kuma ya ga halin da aka shiga a watan Agustan 2023 da Najeriya ta katse mana wuta. Fitilar mahaɗar hanya in ta mutu, direbobi kan lallaɓa su wuce. Fitilar layin karɓa-karɓa in ta mutu, motoci biyu ne za su haɗu gaba da gaba, kowa na ganin shi ke da gaskiya.

Abu na uku shi ya fi nauyi, kuma gaskiya ɗaci gare ta. Mu ai muna da layin karɓa-karɓa tun tuni, wanda ba hukumar da ta ba da izininsa. Ɗan kabu-kabu ya ga go-sulo, sai ya faɗa hannun da ba nasa ba. Mai adaidaita ya bi shi. Mai taksi ya ce shi ma ba a bar shi a baya ba. Kafin minti biyar hanyar ta toshe ta ko'ina, har motar asibiti ba ta da wurin wucewa. Ranar kasuwa a bakin gudron haka ake fama, daga Tawa har Tasawa. Rahoton Hukumar Lafiya ta Duniya na 2023 ya ce mutum miliyan 1.19 ke mutuwa a haɗarin hanya kowace shekara, kuma in an auna da yawan jama'a Afirka ce kan gaba, da wajen mutum 19 cikin kowane 100,000, alhali motocinta ba su kai na sauran nahiyoyi ba.

Saboda haka a ganinmu, arhar wannan dabara a siminti kawai take. Kuɗin da ba a kashe wajen faɗaɗa titi ba, za a kashe su wajen fitila da gyaranta, da wutar da ba ta yankewa, da jami'an da za su tsaya safe da marece. Kafin nan akwai aikin da ya fi gaggawa, wanda hukumar kiyaye haɗurra ta ANISER da magadan gari da ƙungiyoyin direbobi za su iya kamawa yanzu: a sabunta zanen tituna da ya goge, a gyara fitilun da suka mutu, a tabbatar duk mai permi ya zauna ya koyi dokar hanya, a kuma hukunta mai bin hannun da ba nasa ba, babba ne ko yaro. In wata rana gyaran gada ya tilasta a juya hanya, a yi irin na Legas: shinge, jami'ai, da sanarwa a rediyo cikin harsunanmu tun kwanaki kafin ranar.

Iyayenmu da ke karkara, in kuna da ɗa ko ƙane da ke tuƙi a waje, ku sa a tura masa wannan sharhi ta WhatsApp, ku ce masa ya riƙa ɗaga kai: kore a shiga, rawaya a fita, jar X a yi nesa da ita. Ku kuma direbobinmu na ƙetare, ku aiko mana da saƙon murya ku gaya mana yadda abin yake a garin da kuke, za mu saka a shirinmu na gaba. Allah ya kiyaye hanya, ya kai kowa gida lafiya.